Bidiyon fasaha game da sa ido a kan jama'a: a ɗora a intanet ko a haska a zaure?

Matasan Kano masu haɗa bidiyon fasaha kan kyamarorin tsaro, lambar NIN da yadda waya ke bin diddigin mai ita suna yawan tambayata: a ɗora aikin a TikTok da Instagram, ko a haska shi a zaure?

Wajen kuɗi intanet ta fi sauƙi, data kawai za ka saya. Zaure kuwa ga haya, ga majigi, ga man janareta.

Haɗarin ne ya fi tsaya mini a rai. Ka ɗauki wata baiwar Allah tana cirar kuɗi a POS a Kantin Kwari don ka nuna yadda ake leƙen rayuwarmu, sannan ka miƙa fuskarta ga manhajar da ke tattara bayanan mutane. Wani ya yanko daƙiƙa goma ya watsa a WhatsApp, shi ke nan, bakin alƙalami ya bushe. Dokar kare bayanai ta Najeriya ta 2023 ma ta ba amincewar mai fuskar muhimmanci. A zaure kai ke riƙe da ƙofa, kana iya hana ɗaukar hoto, kodayake haskawa ga jama'a na iya buƙatar sahalewar Hukumar Tace Fina-finai.

Bidiyo mai tafiyar hawainiya yatsa kan tsallake shi a waya. A zaure ana kallonsa har ƙarshe, sai dai da an rufe nunin ya zama labari.

Wanda ya ɓoye fuskoki kuma yake neman masu kallo daga nesa, intanet ta dace da shi. Mai aiki da fuskokin mutane na gaske, musamman mata, zaure ya fi masa.