Fitilar sola mai jin motsi da muka kafa a lungunmu

Fitilar nan ce da ake ɗaurewa a jikin bango, ta sha rana ta yi caji, da dare kuma ta ƙara haske duk lokacin da mutum ya gitta. Kwamitin unguwarmu ne ya yanke a saya bayan masu ƙwacen waya sun ishe mu, ni kuma da yake ni ne ma'aji, ni aka tura kasuwa. Ƙarfin da aka rubuta a jikin kwali cika baki ne kawai. Amma haskenta ya isa ka gane fuskar mai tahowa tun daga nesa, kuma abin da muke nema ke nan.

Wurin kafawa ne aka kai ruwa rana, don kowa ƙofar gidansa yake so. Sai na ce a zauna a lissafa inda aka tare mutane. Kusan duka wuri biyu ne: kwanar bayan Islamiyya, inda doguwar katanga ba ƙofa ba taga, da bakin wani kango da mai shi ya yi watsi da shi.

Masu nazarin laifuka sun daɗe da gano haka. A 1989 Lawrence Sherman da abokan aikinsa sun bi kiran da aka yi wa 'yan sanda cikin shekara guda a birnin Minneapolis na Amurka, suka ga rabin kiran daga kashi 3 cikin 100 na wuraren birnin ya fito. David Weisburd ya bi bayanan laifukan titunan birnin Seattle, shi ma a Amurka, na shekara 14 ya tarar da kusan haka, kuma galibi wuraren ba sa canzawa. Tun 1979 Cohen da Felson suka ce sai abu uku sun haɗu a wuri ɗaya ake laifi: mai niyya, abin ɗauka, da rashin mai sa ido.

A na ukun nan fitilar take da amfani, shi ma sai in akwai idon. A kwanar Islamiyya, da haske ya samu, mai shayi ya matso da teburinsa, matasa suka mayar da wurin majalisa, mata suna wucewa bayan isha'i hankali kwance. A bakin kango kuwa ba mai zama, ba mai leƙowa. Wata safiya muka tashi an kwance ta har da ƙarfen.

Aibinta a hunturu yake fitowa. Ƙura na rufe farantin da ke shan rana, caji ya ragu, sai ta dushe wajen asuba, daidai lokacin da ake fita masallaci. Dole a sa yaro ya riƙa goge ta.

Zan sake saya, amma sai an ɗaga ta sama sosai an yi mata keji na walda. Na kango kuma mun kai maganarsa wurin mai unguwa, a nemo mai shi ya toshe ƙofar.