Cibiyar Ludwig Erhard a Fürth: ta cancanci rabin yini, amma a shige ta da shiri

Duk wanda ya sauka Nuremberg kuma yana son ya gane yadda Jamus ta Yamma ta tashi daga kangon yaƙi ta zama ƙasar masana'antu cikin shekaru kaɗan, to ya leƙa Cibiyar Ludwig Erhard da ke garin Fürth. Gidan tarihi ne da aka buɗe a 2018 kan rayuwa da aikin Ludwig Erhard, wanda ya yi ministan tattalin arziki sannan shugaban gwamnatin Jamus ta Yamma. Hukuncina a kansa shi ne yana da kyau ƙwarai, sai dai amfanin da za ka samu ya danganta da yadda ka bi shi da kuma abin da ka riga ka sani.

Zuwa ba wuya. Daga babbar tashar Nuremberg ka hau jirgin ƙarƙashin ƙasa layin U1, ka sauka a tashar Fürth Rathaus, sauran 'yar tafiyar ƙafa ce zuwa bayan ginin majalisar gari. Ba a buɗewa ranar Litinin. Gine-gine biyu ne suna kallon juna: tsohon gidan da aka haifi Erhard a ranar 4 ga Fabrairu 1897, da sabon gini na zamani. Kuskuren da ake yawan yi shi ne a fara da sabon ginin saboda ya fi ɗaukar ido. Tsohon gidan ne farko, domin labarin a jere yake.

A gidan haihuwar za ka ga asalin mutumin. Mahaifinsa ɗan kasuwa ne mai kantin yadi da kayan sawa a ƙasan gidan, inda yanzu aka mayar wurin shan gahawa mai suna Café Luise, sunan matar Erhard. Shan inna ya taɓa masa ƙafa tun yana yaro, sannan ya ji mummunan rauni a kusa da Ypres ta Beljiyam a 1918, abin da ya hana shi doguwar tsayuwar kanti ya karkata ga karatu. Ya yi digirin digirgir a Frankfurt a 1925 a hannun masanin tattalin arziki Franz Oppenheimer. Daga 1928 zuwa 1942 ya yi aiki a wata cibiyar nazarin kasuwa a Nuremberg. A nan nake ba da shawarar a rage sauri. Erhard bai shiga jam'iyyar Nazi ba, amma ya yi wa hukumomin zamanin aikin ba da shawara kan tattalin arzikin yankunan da Jamus ta mamaye, kuma masana tarihi na ci gaba da muhawara a kan nauyin wannan. Mai ziyara ya karanta wannan sashe da idon basira, kada ya wuce shi don gaggawar isa wurin nasara.

Zuciyar wurin tana sabon gini, wato watan Yunin 1948. Idan awa uku gare ka, ba wa wannan sashe guda ɗaya cur. Kafin lokacin tsohon kuɗi, Reichsmark, ya zama kamar takardar tsire. Hukuma ta ƙayyade farashi, abinci sai da katin rabo, 'yan kasuwa suna ɓoye kaya, kuma a kasuwar bayan fage taba sigari ce kuɗi. A ranar 20 ga Yuni aka fito da Deutsche Mark. Kowane mutum ya karɓi 40, daga baya aka ƙara masa 20. Albashi da kuɗin haya aka bar su ɗaya da ɗaya, amma ajiyar banki ta sha kashi: duk Reichsmark 100 ta koma sabon kuɗi 6.50 kacal. Ka tsaya ka yi lissafin nan a gaban takardun kuɗin da kanka. Wanda ya tara 10,000 tsawon rayuwarsa ya tashi da 650, alhali mai gida ko masana'anta ko rumbun kaya bai yi asarar da ta kai haka ba.

Abin da ya kamata mai ziyara ya rarrabe shi ne wannan: canjin kuɗin ba Erhard ne ya tsara shi ba. Ƙasashen da suka mamaye yammacin Jamus ne, musamman Amurkawa, har takardun ma a Amurka aka buga su. Nasa aikin, a matsayinsa na daraktan tattalin arziki na yankunan Jamus da ke hannun Amurka da Birtaniya tun Maris 1948, shi ne sakin farashin kayayyaki masu yawa a daidai wannan lokaci, yayin da aka ci gaba da riƙe na muhimman abinci da haya da makamashi. Matakan biyu tare ne suka yi aiki. Sabon kuɗi ya sa mai kaya ya yarda ya sayar, sakin farashi ya sa ya ga ribar fito da abin da ya ɓoye, shaguna suka cika cikin kwanaki.

Kuma jama'a sun ji a jikinsu. Farashi ya yi tashin gwauron zabi alhali albashi na daskare, har a ranar 12 ga Nuwamba 1948 ma'aikata wajen miliyan 9 suka shiga yajin aikin gama-gari. A farkon 1950 marasa aikin yi sun kai kimanin miliyan 2. Tallafin shirin Marshall na Amurka don farfaɗo da Turai, da buƙatar kayan Jamus lokacin yaƙin Koriya, da yafe wani kaso na bashi a yarjejeniyar Landan ta 1953, duk sun taimaka wajen juya lamarin. Wanda ya fito yana cewa mutum ɗaya ne ya yi komai bai karanta allunan da kyau ba.

Shekarun Erhard na ministan tattalin arziki, 1949 zuwa 1963 a ƙarƙashin shugaban gwamnati Konrad Adenauer, abin dubawa a cikinsu shi ne dokar hana manyan kamfanoni haɗa baki kan farashi ta 1957, wadda ya yi shekaru yana artabu da masu masana'antu a kanta, ta kuma fito da togaciya da yawa. Zamaninsa na shugaban gwamnati gajere ne, 1963 zuwa 1966. An ƙulla hulɗar jakadanci da Isra'ila a 1965, sannan gwamnatin ta rushe bayan ministocin jam'iyyar FDP, abokiyar ƙawancensa a gwamnati, sun fice kan batun ƙarin haraji. Ya rasu a Bonn a 1977.

Takardu da jaridu na asali da Jamusanci suke, don haka wanda bai iya harshen ba ya tafi da waya mai caji da manhajar fassara ta kyamara. Ɗakin ƙarshe mai manyan allunan lantarki kan makomar tattalin arziki matasa za su so shi, amma idan lokaci ya ƙure shi za a fara sadaukarwa. Masu ƙananan yara kuwa akwai wani ɗan kantin koyo da aka tanada musu, inda suke wasan saye da sayarwa. A Café Luise, Musulmi ya tambayi abin da aka sa a kek kafin ya saya, domin a Jamus wasu ana zuba musu barasa ko sinadarin daskarewa na alade. Idan da sauran ƙarfi, gidan tarihin Yahudawan Franken, wato yankin da Fürth take, yana nan kusa, ana isa da ƙafa.