Harafi biyu da lasisin akanta a Amurka

Wata Talata ce a watan Fabrairun 2024, bakwai da rabi na safe, ina tsaye gaban wata yarinya da ba za ta girmi autar gidanmu ba. Lasisin tuƙina yana hannunta na dama, takardar izinin zama jarrabawar lasisin akanta ta Amurka tana na hagu. Ta dubi wannan, ta dubi wancan, ta sake dubawa, sannan ta ɗago da irin murmushin nan nasu da bai wuce haƙori ba, ta ce sunan bai zo ɗaya ba.

Na ce kamar yaya? Ta juyo mini da su. A takardar izini Muhammad, a lasisi Mohammed. Wallahi dariya na fara yi, don na ɗauka magana ce ta minti ɗaya. Na zaro fasfo, Mohammed. Katin banki, Mohammed. Ashe ni da hannuna, ranar da nake cike fom a kwamfuta, na rubuta sunan yadda yake a takardar digirina. Na ce baiwar Allah, ai suna ɗaya ne, ga hotona, ga ni a tsaye. Ta ce ita ma ta yarda ni ne. Amma ba za ta shigar da ni ba.

Nan fa ɗan Najeriyar da ke cikina ya farka. Da farko na marairaice: wata huɗu ina karatu daga bayan Isha'i har ɗayan dare, na ɗauki hutu a wurin aiki, na yi tuƙin kusan awa guda cikin dusar ƙanƙara. Ta ce ayya. Sai na ce a kira mini ogan wurin. Ya fito, wani dattijo mai furfura, ya saurare ni har na dasa aya bai katse ni ba, ya maimaita abin da yarinyar ta faɗa kamar tare suka yi haddarsa, ya rubuta mini lambar da zan kira. Na ƙarshen shi ne nake jin kunyarsa har yau. Kawai sai na ji bakina yana cewa ni fa shekara goma na yi ina aikin akanta a Kano, da shaidar ICAN, ƙungiyar ƙwararrun akantocin Najeriya, a hannuna. Ya ce madalla, ya taya ni murna, ya kira na bayana.

Na fi minti ashirin a mota ban tada ta ba. Ko da na farga, yatsana ne ke ta jan sunaye a waya, wai ina neman wanda na sani. Wa na sani? A gida kafin in kai bakin get na kira mutum uku, kuma tabbas ɗaya daga ciki ya yi makaranta da ƙanin matar wani a ofishin. A nan ko ɗaya babu. Kuɗin jarrabawar, sama da dala 300 in an haɗa da na rajista, sun bi ruwa, sai an sake biya daga farko. Maman Hanifa ta buɗe mini ƙofa ƙarfe tara, jarrabawar da ya kamata ta ci awa huɗu, ta ce, "Abban Hanifa, lafiya?" Na ce harafi biyu ne.

Masu turo mini saƙo kullum suna tambayar yadda ake zama CPA, wato akanta mai lasisi, a nan Amurka, bari in taƙaita muku. Babu wata hukuma guda a Washinton da ke ba da lasisin. A Najeriya in ka ce ICAN, wadda doka ta kafa a 1965, ko takwararta ANAN, ka gama magana daga Legas har Maiduguri. A nan kowace jiha da hukumar akantocinta, har da birnin tarayya da tsibirai irin su Guwam, hukumomi 55, kowace da sharuɗɗanta. Jarrabawar ce kawai iri ɗaya: ƙungiyar akantocin Amurka, AICPA, ke tsara ta, NASBA, wato haɗakar hukumomin jihohin, ke riƙe da rajistar masu zama. Tun Janairun 2024 takarda huɗu ce, kowace awa huɗu. Uku na dole ne, lissafin kuɗi da rahotonsa, aikin odita, sai haraji da dokar kasuwanci, ta huɗun kai za ka zaɓa cikin uku. Makin ci 75. Kana cin ta farko agogo ya fara juyawa. A da wata 18 ne, yanzu yawancin jihohi sun mayar da shi 30, in ba ka gama sauran a ciki ba ta farkon ta ruɓe. Bayan jarrabawa akwai aikin aƙalla shekara guda ƙarƙashin mai lasisi wanda zai sa hannu ya shaide ka, a jihohi da yawa kuma da wata 'yar jarrabawar ɗa'ar aiki. Ba lasisi za ka iya aikin akanta a kamfani, ba mai hana ka. Amma ba ka isa ka sa hannu a rahoton odita ba, ba ka kuma isa ka liƙa haruffan nan uku a bayan sunanka ba.

Shaidar ICAN ɗinka kuwa, ka adana ta a akwati. Akwai ƙasashen da aka yi yarjejeniya da ƙungiyoyin akantocinsu, irin su Kanada, Mekziko, Ostireliya da Ailan, ɗan can takarda ɗaya kawai zai zauna. A duk Afirka, Afirka ta Kudu ce kaɗai a ciki. Wannan ya yi mini ciwo, don duk wanda ya zauna jarrabawar ICAN ya san ba kanwar lasa ba ce.

Amma bari in koma kan sunan, shi ne ya tsaya mini a rai. A daren nan na baza takarduna kaf a kan kafet. Ta firamare: Mamman, da sunan garinmu a baya, don hedimasta ya tarar da mu biyar masu suna ɗaya a aji, ya raba mu da sunayen garuruwa. Ta sakandare: Moh'd. Digiri: Muhammad. Fasfo: Mohammed, don wani yaro mai kwamfuta a ƙarƙashin rumfa, bakin ofishin fasfo, shi ya cike mini fom, ni kuma ina sauri ko dubawa ban yi ba. Mutum ɗaya, suna huɗu. Ranar haihuwa 1 ga Janairu, kamar yawancin 'yan ajinmu. Ni da in kwabo ɗaya ya ɓace tsakanin shafin shiga da na fita ba na iya barci, shekara arba'in ban daidaita littafin sunana ba.

Kuma ba ni kaɗai ba ne, kusan duk haka muke. Mun saba in abu ya karkace a tafi kotu a yi afidabit, a buga sanarwar gyaran suna a jarida, shi ke nan an wanke. Na san masu ranar haihuwa biyu, ɗaya ta Allah, ɗaya ta aikin gwamnati. Yaro za a yi wa rajistar jarrabawa, uban ya ce wa malami rubuta kawai. Shekara ashirin nan gaba yaron ne zai tsaya gaban wata tagar yana rantsuwa shi ne shi. Na kira Baba ina huci na ba shi labari, ya ce, "To kai, sunan Manzon Allah ne, ko yaya aka rubuta ai shi ne." Na ce gaskiya ne Baba, amma yarinyar ba ta san haka ba. Ya ce Allah ya shirye ta.

Washegari na kira lambar da dattijon ya ba ni, na shirya faɗa tsaf. Aka ɗauka. Matar ta ce in turo hoton fasfo ta imel. Kwana uku aka gyara. Ba ta ce oga ba ya kan kujera ba, ba ta ce in dawo ranar Litinin ba, ba ta tambaye ni wa ya turo ni ba. Kuɗina dai ba su dawo ba. Na rasa ma wanda zan ji haushi.

Kwana uku. Ku riƙe wannan, ku ji na gida. Kafin a bar ka ka zauna jarrabawar sai an auna digirinka da ma'auninsu, kuma takardar cikakken sakamako, taranskirif ɗin nan, dole jami'a ce za ta aiko da ita kai tsaye, ba ta hannunka ba. Na nemi tawa a farkon 2022, sai ga yajin aikin malaman jami'a, wata takwas cif, Fabrairu zuwa Oktoba. Da aka dawo ƙanena ya fara sintiri. An ce fayil yana sashe. A sashe an ce mai makullin ya tafi ta'aziyya. Aka samu fayil, babu sakamakon shekara ta biyu, yana cikin wani daftari da ruwan damina ya taɓa. Rannan ya kira ni: "Yaya, mutumin nan fa ya ce a ɗan motsa." Na yi masa wa'azin minti biyar a kan cin hanci, na kashe waya, na tura kuɗin. Wata goma sha huɗu takardar nan ta yi kafin ta iso.

Kada kuma ku ɗauka nan aljanna ce. An ƙiyasta digirina daidai da nasu, kiredit 120 da 'yan kai (kiredit shi ne ma'aunin yawan darussan da ka yi), amma a lokacin lasisi yana son 150. Darussan harajin Amurka da dokar kasuwancinsu ban yi musu ba, dokarsu ba tamu ba ce. Sauran fa? Aka ce in cike da duk abin da na ga dama. Haka na zauna a kwalejin gunduma cikin yara 'yan shekara 19, da furfura a gemuna, ina koyon ɗaukar hoto da tarihin silima, ina biyan kuɗi a kan kowane kiredit, wai don in cancanci duba littafin kuɗin mutane. Ko a gida ban ga aikin baban giwa irin wannan ba. Su ma sun gane, da suka ga matasa suna guje wa sana'ar. A Janairun 2025 jihar Ohayo ta yi doka cewa digiri da aikin shekara biyu sun wadatar, Bajiniya ta biyo baya, jihohi da dama suka rufa musu baya. A wurina ihu bayan hari ne, na riga na biya.

Ranar da na koma cibiyar jarrabawar tun da saura awa guda na isa, na karanta sunana harafi-harafi a mota sau uku. Yarinyar nan ce dai a kan teburi. In ta gane ni, ba ta nuna ba. Hoton yatsa, zazzage aljihu, naɗe hannun riga, ɗage ƙafar wando, ta karɓi tabarauna ta jujjuya. Waya, agogo, har carbina, duk suka tafi akwatin ajiya. In ka fita bayi ka dawo, a sake daga farko. Ina zaune gaban kwamfuta, kyamara a saman kaina, sai na tuna wani abokinmu da ya zauna wa ƙaninsa jarrabawa a gida. Hoton wani, fuskar wani, mai tsaron jarrabawa ya kalle shi ya ce Allah ya ba da sa'a. Mun sha dariya lokacin, har kirari muka yi masa. Don irinsa aka kafa dokar harafi biyun nan, ni ta rutsa da ni ne kawai. Haushin bai tafi ba, amma daga ranar na daina ba da labarin a matsayin wanda aka zalunta.

Takardar lissafin kuɗi ba ta da mutunci, a 2024 wajen 40 cikin 100 ne kawai suka haye ta. Mu da muka saba da IFRS, ƙa'idojin lissafin kuɗi na ƙasa da ƙasa, tun 2012 sai mun warware wasu abubuwa daga kanmu. Tsarin LIFO, wato a ɗauka kayan da suka shigo sito a ƙarshe su suka fara fita, haramun ne a can, halal ne a nan. Ita dai na haye ta. Ta odita, wadda nake ganin gonata ce, ita ta ba ni 73. Biyu kuma! Babu malamin da za a bi gida da yamma a ce a ɗan duba. Na sake biya, na sake zama. Abin da ba zan hana su ba shi ne, ranar da suka ce sakamako zai fito, ranar yake fitowa. Kuma yau duk wanda ya ce maka shi CPA ne, shiga shafin CPAverify kyauta ka rubuta sunansa, za ka ga ko lasisin yana da rai. Shi ma lasisin ba gadon gida ba ne. A jihohi da yawa sai ka yi awa 120 na ƙarin karatu duk shekara uku, in ba haka ba ya mutu a hannunka.

Ranar da aka rantsar da mu a ICAN, mota guda muka cika daga Kano zuwa Legas. Da muka dawo aka yi waina da zoɓo, unguwa ta shigo, wani maroƙi da ba wanda ya gayyace shi ya wasa ni har sai da na yi masa kyautar hulata. A nan imel ne ya shigo wata Alhamis ina cin burodi a kan teburin ofis. Maigidana, wanda ya sa mini hannu a takardar aikin shekara guda, ya ce sannu da ƙoƙari, ya mayar da ido kan kwamfutarsa. Takardar rataya a bango ta iso daga baya a akwatin wasiƙa, tare da takardar kuɗin wuta da tallar masu gyaran rufi. Sunan da ke jiki Mohammed ne, rubutun yaron nan na ƙarƙashin rumfa, shi zai raka ni har ritaya.

Da daddare na kira Hajiya ta bidiyo, ita da ko sau ɗaya ba ta taɓa furta sunan nan ba, ko da wane harafi, don ni ne ɗan fari. Na ɗaga mata takardar. Ta matso da fuska jikin waya, ta ce, "Masha Allah, Allah ya sa albarka. To yanzu an zama me ke nan?"

Na ce, "Akanta, Hajiya."

Ta yi shiru, ta gyara mayafi, ta ce, "Da can a Kano fa, me ake?"