Gargaɗi ga masu tara kan sarki: wani ya cinye mini naira 1,800,000

Jama'a, kwana tara ke nan ban yi barcin kirki ba. Naira 1,800,000. Kuɗin da na ware don rufin ɗaki ne, na ɗauka da hannuna na tura wa mutumin da ko musabaha ba mu taɓa yi ba, saboda kan sarki guda ɗaya da bai fi kan babban yatsa girma ba.

Kafin wani ya ce mini sakarai, ya tsaya ya ji. Shekara 22 ina tara kan sarki. Bara wani yaro ya zo mini da Penny Black, wai shi ne mafi tsada a duniya. Nan take na gaya masa gaskiya: shi ne na farko, an fitar da shi a Ingila a 1840 da hoton Sarauniya Biktoriya, amma an buga fiye da miliyan 68, don haka ba shi da wuyar samu. Na san abin da nake yi. Mutumin da ya cinye mini kuɗin ne ya zo da shiri.

Abin da ya ce yana da shi, na fam 25 ne na Arewacin Nijeriya, wanda aka fitar a 1904 da hoton Sarki Edward na 7, kore da ja. Duk mai tara na ƙasarmu ya san shi. Daga 1900 zuwa 1914 Arewa tana da nata kan sarki daban, kamfanin De La Rue na Landan ke bugawa, kafin Gwamna Lugga ya haɗe Kudu da Arewa. A cikinsu duka babu wanda ake nema kamar wannan, domin wa zai manna fam 25 a wasiƙa a zamanin da kwabo ɗaya ke kai ta? Na harkar biyan kuɗin gwamnati ne, kuma kaɗan suka rage. Na gaske, dubban fam na Ingila ake magana.

A Facebook ya same ni. A'a, a WhatsApp ya fara yi mini sallama, daga baya na gane a Facebook ya ga hotunan kundina. Ya ce kakansa masinja ne a gidan waya na Zungeru lokacin tana hedikwatar Arewa, wai ya bar akwatin ƙarfe cike da takardu. Da farko bai ma ambaci na fam 25 ba. Na kwabo ɗaya ya sayar mini, mai hatimin Lokoja, a kan naira 15,000. Ya iso ta tasha, na sa madubi na duba, na gaske ne. Har yanzu yana hannuna, na gaske ne wallahi. To ku gaya mini, wa ba zai saki jiki ba?

Ranar da ya kira ni ta bidiyo ita ce take ta dawo mini. Ya buɗe akwatin, ya zaro ambulan mai ruwan ƙasa, ya ce, "Alhaji, wannan fa? An rubuta fam 25, yana da wani amfani?" Kamar bai san komai ba. Gabana ya faɗi. Ni da bakina na ce masa abu ne mai daraja, don ban so in ci haƙƙinsa. Ni na gaya masa! Ya ce, "Alhaji, kai babana ne, duk abin da ka bayar Allah ya sa albarka, mahaifiyata ce ba lafiya." Kullum in na rufe ido muryar nan nake ji. Kai babana ne.

Na tura 600,000 kafin alƙalami ranar Talata. Ko Litinin ce, zan duba rasit. Sai ya ce wani Bature ya taya, 'yan'uwansa sun matsa masa lamba, ya turo hoton takardar shaida wai daga masana a Landan. A lokacin ban tambayi kaina yadda wanda bai san darajar abu ba ya samo masa takardar shaida ba. Na cika 1,200,000 a daren. Jimla 1,800,000, ban da 15,000 na farko, ban da kuɗin mota.

Af, na manta, tun kafin in tura na farkon na ce ya ɗaga shi a haske in ga alamar da ke ɓoye a jikin takarda, kambi da harufan CA. Na gani kuwa. Haƙoran gefe daidai suke. Na bincika, ban yi sakaci ba. Abin da ya sa duk suka yi daidai shi ne takardar ta gaske ce. Da kan sarkin ya iso na kai wa wani dattijo da ya girme ni a harkar, minti biyar bai yi ba ya ajiye madubi. Na sule ɗaya ne, shi ma kore ne kuma zanensu ɗaya, aka kankare baƙin rubutun sama da na ƙasa aka buga ja. Wurin ya yi sirara, jan ma ya ɗan malala. Lambar da ke kan takardar shaidar kuma ta wani kan sarki ce daban. Dattijon bai yi mini faɗa ba, haƙuri kawai ya ba ni, kuma wannan ya fi yi mini ciwo.

Yanzu layinsa a kashe, shafinsa ya ɓace. Na kai ƙara, na je banki, ana ta ce mini in jira. Uwargida ba ta sani ba har yau.

Kada ku biya sai abu yana hannunku, wani masani ya gani. Takardar shaida kuma ku tuntuɓi waɗanda aka ce sun bayar.

Hotunan hirarmu, rasit biyu da hoton kan sarkin gaba da baya, zan sa su gobe in Allah ya kai mu, in na rufe lambar asusuna. Duk wanda aka zo wa da labarin kaka masinja a Zungeru, ya yi mini magana, domin ban yarda ni kaɗai ya yi wa ba.