Salak da kirim ko da mai da lemon tsami? Amsa ga Maman 'yan biyu

Maman 'yan biyu, na ga tambayarki tun jiya da daddare, hidimar yara ce ta hana ni amsawa. Kin ce likita ya ce Abban 'yan biyu ya rage maiƙo, ke kuma tunda kika taso salak da Bama kika sani. Sai kika ga Turawa a bidiyo suna yaryaɗa wa ganye mai da lemon tsami kawai, suna kiransa salak ɗin bazara. Kina son sanin wanne ya fi, kuma ko na biyun ba lami zai yi ba. Duka biyun na daɗe ina yi, don haka ga abin da na gani.

Kafin komai, kada sunan nan ya ruɗe ki. Bazarar Turai daga Maris zuwa Mayu take, lokacin da sanyi ya sake su, ganye ya fara tohowa. Mu a Kano a watannin nan ne rana take dukan ƙeya, zafi ya kai digiri 40, latas ya yi tsiri ya fara ɗaci. Namu lokacin ganyen hunturu ne, daga Disamba zuwa Fabrairu. A lokacin ne kayan noman rani na Kura da Kadawa da Bunkure, masu shan ruwan madatsar Tiga da aka gama a 1974, suke cika 'Yankaba, har mai baro ya biyo ki ƙofar gida da karas mai ganyensa. Wannan ya shafi tambayarki, domin haɗin mai da lemon tsami ba ya rufa wa ganye asiri. Idan latas ɗin ya kwana biyu ya yi yaushi, harshe zai faɗa miki. Kirim kuwa bargo ne, kome kika lulluɓa da shi ya shige.

Abin da muke kira kirim ma iri biyu ne. Akwai mayonis irin su Bama, wanda mai ne da gwaiduwar ƙwai da ruwan khal aka buga har suka kama juna, kuma kusan kashi biyu cikin uku na abin da ke kwalbar, ko fiye, mai ne zalla. Akwai kuma kirim ɗin salak irin na Heinz, wanda aka fara sayarwa a Ingila a 1914. Shi mansa bai kai na mayonis ba, amma ya fi shi tsami da zaƙi. Ɗaya ɓangaren kuwa ba wani abu ba ne illa mai, da abu mai tsami, da gishiri. Ƙa'idar da masu girkin Faransa suka saba da ita ita ce mai kashi 3, tsami kashi 1.

A nan ne mutane suke yin kuskure wajen lissafin maiƙo. Babban cokali ɗaya na mayonis yana da kalori wajen 90 zuwa 100. Babban cokali ɗaya na mai, na gyaɗa ne ko na zaitun, yana da wajen 120. Cokali da cokali ke nan man ya fi nauyi. Bambancin yana wurin yawan da ake zubawa. Faranti babba na mutum biyar cokali 3 na mai ya ishe shi, domin mai yana bin ganye ya game ko'ina, wato kalori wajen 360 a raba wa mutum biyar. Faranti iri ɗaya da Bama, ki faɗi tsakani da Allah cokali nawa kike kwasowa kafin ki ga ya yi fari yadda kike so. Ni na taɓa ƙirgawa, na kai takwas ban gamsu ba. Ga waken gwangwani mai sukari, ga ƙwai, ga dankalin Turawa, wasu har taliya. Wannan ya tashi daga mahaɗi ya zama abinci mai zaman kansa, sannan a ɗora shi a gefen soyayyiyar shinkafa da kaza. Idan don maigida ne, haɗin mai da lemon tsami ya yi nasara, da sharaɗin ki auna da cokali, ba ki karkata jarka ba.

Kada kuma tsoron maiƙo ya sa ki cire man gaba ɗaya. Sinadarin da ke cikin karas wanda jiki ke mayarwa bitamin A, da bitamin K na koren ganye, sun fi shiga jiki idan akwai ɗan mai a tare da su.

Batun lami kuwa dariya ya ba ni. 'Yar uwa, ke fa Bakanuwa ce. Garau-garau da kike ci da yankakken salak da tumatir a kai, me aka zuba masa? Mai da yaji. Ɗanwake fa? Kwaɗon lansir da ake matsa wa lemon tsami fa? Mun daɗe muna cin abin nan, a faranti mai tsada da sunan Turanci ne kawai ba mu saba ganinsa ba. Abin da ke sa ya yi lami abu biyu ne: ƙarancin gishiri, da ruwan da aka bari a jikin ganye. Mai da ruwa ba sa ga maciji. Idan latas ya fito daga wanki yana ɗiga kika zuba masa haɗin, man zai zame ya taru a gindin kwano, ki ci ganye salam. Kirim yana da kauri, yana iya jure ɗan ruwa na wani lokaci, shi ya sa ba mu koyi tsane ganye ba.

Tunda na ambaci wanki, kowanne kika zaɓa wannan dole ne. Wasu lambunan cikin gari, irin na gefen Jakara, da ruwan da ya biyo magudanan unguwanni ake ba su ruwa, kuma a kan tire ba za ki gane wane ganye ya fito daga ina ba. Ki ɓare latas ganye-ganye, ki wanke a ruwa mai yawa sau uku kina tsamo shi sama, domin yashin ya zauna a ƙasa. Ki jiƙa shi 'yan mintuna a ruwan da kika sa wa gishiri ko khal, ki ɗauraye da ruwan da za ki iya sha. Hakan yana rage ƙwayoyin cuta, bai kashe su duka, kuma lemon tsamin haɗin ba magani ba ne. Karas da kokwamba ki kankare bayansu. Sai ki baza ganyen a kwando ko kan tsumma mai tsabta ya sha iska.

Inda kirim ya fi shi ne jira, amma da iyaka. Gishiri yana janyo ruwa daga cikin ganye, tsami kuma yana sa shi laushi, saboda haka salak ɗin mai da lemon tsami minti goma sha biyar yake da shi na ƙuruciya. Na koyi wannan a sunan ƙanwata. Na ce zan burge dangin miji, na yanka komai tun da hantsi, na zuba haɗin, na juya, na rufe a kula. Ba a zauna cin abinci ba sai bayan azahar. Da na buɗe, latas ya kwanta ya yi duhu kamar dafaffen alayyahu, kokwamba tana iyo, ruwa ya kai rabin ɗan yatsa a ƙasan kular. Wata gwaggo ta leƙa ta ce, "'Yar nan, miyar ganye ce ko kwaɗo?" Ban sake ba. Yanzu ganye daban, haɗi daban a kwalba, sai an shimfiɗa leda an zauna nake gamawa.

Salak ɗin kirim mai kabeji da karas yana iya awa guda ko biyu da kyan gani, domin kabeji yana da ƙarfin jiki. Sai dai kyan gani ba shi ne lafiya ba. Ƙa'idar masana tsabtar abinci ita ce kada irin wannan ya wuce awa 2 a waje, idan zafi ya haura digiri 32 kuma awa 1. Mayonis na kwalba shi kansa yana da tsamin da ke hana ƙwayoyin cuta sakewa. Dafaffen ƙwai da dankali da waken da aka cakuɗa da shi su ne ke lalacewa. Ki tuna tiren salak a ƙarƙashin rumfar biki a watan Afrilu, ga firji babu wuta tun asuba.

Ga yadda nake yin nawa na mutum biyar. Latas ƙulli biyu, in yayyaga da hannu manya-manya. Kokwamba ɗaya, karas biyu a goge, tumatir uku masu tauri a cire ruwan cikinsu, koren tattasai ɗaya, ɗan lawashi, da na'a-na'a idan na samu. Albasa ƙarama nakan yanka ta siri-siri in matsa mata lemon tsami ta zauna minti goma, zafinta ya mutu. Haɗin kuma a tsohuwar kwalbar Bama nake yi, ga amfaninta ya zo: mai cokali 3, ruwan lemon tsami cokali 1, zuma rabin ƙaramin cokali, gishiri, masoro kaɗan, tafarnuwa ƙwaya ɗaya a daka. In rufe in girgiza har ya yi kauri. Zai rabu idan ya zauna, sai a sake girgizawa. Ki ɗanɗana shi a jikin ganye ɗaya, kada ki lasa a cokali, domin a cokali kullum tsaminsa yakan yi kamar ya yi yawa.

Man zaitun yana da daɗi, amma kuɗinsa ba na kullum ba ne, kuma wasu ba sa son ɗan ɗacinsa. Man ƙuli mai kyau ya wadatar. Ki soya shi da albasa gafin ya fita, ki bar shi ya huce sarai, domin mai ɗumi yana kwantar da ganye nan take.

Akwai na tsakiya wanda ba ki tambaya ba, kuma shi zan fara ba maigidan da ya saba da kirim. Ki ƙara garin ƙuli cokali 2 a cikin kwalbar nan da ɗan ruwa, ki girgiza. Zai yi kauri ya kama ganye kusan yadda Bama take yi, ga ƙamshin gyaɗa, ga shi an riga an matse yawancin man ƙulin. Kwaɗo ne dai ya sa sabuwar riga. Da kabeji da lansir ya fi tafiya, kuma yara ba sa ture shi.

Idan yana da olsa, ki rage lemon tsamin zuwa rabin cokali ki ga yadda cikinsa zai karɓa. Idan likitan ya haɗa da hawan jini, to gishiri da dunƙule su ne abin lura, ki bar na'a-na'a da albasa da tafarnuwa su ɗauki nauyin ɗanɗanon.

Ni dai a gidana, ranar biki ko Sallah da za a jera tire mutane su ɗiba, kabeji da karas da kirim nake yi, in ajiye a sanyi sai an buƙata. Abincin gida na rana ko na dare, musamman da hunturu, lokacin da ganye yake a kan ganiyarsa, kwalbar nan nake girgizawa. Ki fara masa da haɗin garin ƙulin ranar da kika dafa shinkafa da wake, kada ki yi masa sanarwa, ki ajiye a gefen farantin kawai. Ki dawo ki gaya mana ko ya tambayi inda Bama take.