Geoffrey Rush: The King's Speech ko Pirates of the Caribbean?

Wa alaikumus salam ɗan'uwa. Ka tambaya wanne za ka saya cikin fina-finan jarumi Geoffrey Rush, The King's Speech ko Pirates of the Caribbean. In dai don Geoffrey Rush za ka fitar da kuɗinka, ɗauki The King's Speech, ka bar jerin Pirates of the Caribbean sai wani jiƙon. Duka biyun suna gidana.

The King's Speech na 2010 ne. Rush ya fito a matsayin Lionel Logue, mutumin Ostiraliya kamar shi kansa, wanda yake gyara wa masu i'ina magana a Landan ba tare da takardar likita ba. Shi aka kai wa ɗan sarkin Ingila, wanda sarauta ta faɗo kansa a 1936 da yayansa ya yi murabus, ya zama Sarki George na shida. Colin Firth ne sarkin. Labarin ya kai har jawabin rediyo na Satumban 1939, ranar da Birtaniya ta shiga yaƙi da Jamus, Logue yana tsaye gaban sarki yana jan shi da hannu da ido, kalma bayan kalma.

Da ƙanena na kalle shi, yaro mai i'ina tun yana ƙarami, wanda ko waya ba ya son ɗagawa. Akwai wurin da Logue ya sa wa ɗan sarki abin sauraro a kunne, ya ƙure kiɗa don kada ya ji muryar kansa, ya ce ya karanta, sai ga karatu yana zuba ba gargada. Yaron nan ya ce in mayar masa baya. Washegari na iske shi a ɗaki da abin kunne yana karatu da ƙarfi. I'inar tana nan har yau, amma ya rage ɓoye bakinsa, kuma Logue yake ambato, ba sarkin ba.

A nan ne za ka ga asalin Rush. An haife shi a Toowoomba ta jihar Queensland a 1951, ya fara wasan daɓe da ƙungiyar Queensland Theatre Company a 1971, ya je Faris makarantar Jacques Lecoq inda ake koyon magana da jiki. Ya shekara ashirin da biyar a dandamali kafin fim ɗin Shine na 1996 ya kawo masa kyautar Oscar yana da shekara 45. Shi ya sa ko ya yi shiru yana sauraron Firth, idonka na kansa. Firth ya ci Oscar da wannan fim, Rush ya samu BAFTA, kyautar fina-finai ta Birtaniya, ni kuwa a ganina rabin kyautar Firth na Rush ne.

Pirates kuma, to, na farkon na 2003 ba laifi, Rush a matsayin Kyaftin Barbossa ya yi mugunta mai daɗin kallo. Amma fim ɗin Johnny Depp ne, a na biyu ma sai daf da ƙarewa Rush ya leƙo.

Ka yi hattara da masu sayarwa. Faifan nan da ake cusa fina-finai goma a ciki, hoto ya dushe, murya ta shaƙe, kada ka karɓa ko da kyauta ne. The King's Speech kusan duk magana ce tsakanin mutum biyu, in sauti ya lalace ba abin da ya rage maka. Wasu masu tura fim a waya kuma za su rantse maka cikakke ne, ka je gida ka tarar ya yanke ana tsaka da jawabin. Sa a kunna maka a gabanka, a tsallaka tsakiya, a tsallaka ƙarshe, ka tabbatar rubutun ƙasa yana tafiya daidai da baki, sannan ka biya.

Akwai wuri ɗaya da Logue ya sa ɗan sarki zazzaga ashar don harshensa ya saki. In da yara ko iyaye za ka kalla, riƙe rimot a hannunka.