Dandamali ko Fim: Wanne Ya Fi Maka?

Matasa masu son shiga harkar wasan kwaikwayo a Kaduna suna yawan tambayata: wasan dandamali ko fim?

Dandamali ba ya cin kuɗi, amma yana cin jiki. Ana makonni ana bita, kuma in magana ta kuɓuce maka a gaban jama'a, babu mai cewa a sake. Nan murya take nuna, shi ya sa nake ganin darajar horon da ɗalibai ke samu a ABU Zariya. Kuɗin da ake samu a dandamali dai kaɗan ne.

Fim na kawo suna da wuri, kuma abin da kyamara ta ɗauka yana daɗewa: har yau ana kallon Samanja, wanda ya rasu a 2023. Wahalar fim ita ce zaman jiran kiran furodusa.

Mai burin koyarwa ko rubutu, dandamali ya fi masa. Mai son a san fuskarsa, in yana da wata sana'a a hannu, ya gwada fim.